Yadda ake lissafa hanyar kumbo zuwa Wata, da hanyar dutsen da ya nufo Duniya

Kumbon da ya kashe injinsa da dutsen da ke yawo a sararin samaniya doka ɗaya suke bi. Dukansu faɗuwa suke yi, jan Duniya da na Wata da na Rana ne ke lanƙwasa musu hanya. Bambancinsu shi ne kumbo yana da inji, ana iya gyara masa tafiya, kuma yana amsa kiran rediyo. Shi kuwa dutse sai dai a hango shi a auna. Saboda haka lissafin da za a bi a nan zai fara da kumbo, inda komai ke hannun mai lissafi, sannan ya koma kan dutse, inda kuskuren awo ya fi awon kansa muhimmanci.

Mataki na farko: lambobi shida da agogo

Duk abin da ke tafiya a sarari ana tsare bayaninsa da lambobi shida: uku na inda yake, uku na saurinsa da inda ya dosa, a wani lokaci guda. In ka samu waɗannan, ka kuma san abubuwan da ke jan sa, za ka iya faɗin inda zai kasance gobe da inda yake jiya.

Kafin ka taɓa kowace lamba ka tsayar da abu uku. Daga ina kake awo, cibiyar Duniya ko ta Wata ko ta Rana? Da wane ma'auni? Da wane agogo? A nan ake yawan yin ɓarna. Jadawalin taurari na cibiyar JPL ta NASA, hukumar sararin samaniyar Amurka, yana aiki da agogon TDB na masana taurari, wanda ya riga agogon UTC, wanda ake saita agogunan yau da kullum da shi, da kusan daƙiƙa 69. A cikin daƙiƙa 69 Wata ya yi tafiyar kilomita 70, Duniya kuwa ta wuce kilomita 2,000 a kan hanyarta ta kewaya Rana. Wanda ya cakuɗa agogon biyu zai sami amsa mai kyan gani wadda ba daidai ba ce. Na ma'auni kuma, a 1999 aka rasa kumbon Mars Climate Orbiter saboda wani ɓangare na manhajar ƙasa yana ba da ƙarfin turi da ma'aunin fam, ɗaya ɓangaren yana karɓa a matsayin niyuton. Bambancin sau 4.45 ne. Kumbon ya kusanci Mars har kimanin kilomita 57, ya shiga iskarta, ba a sake jin ɗuriyarsa ba.

Mataki na biyu: dabara ɗaya da za ta yi rabin aikin

Rubuta waɗannan a gefe. Lambar jan Duniya, wadda ake rubutawa μ, ita ce 398,600, in ana aiki da kilomita da daƙiƙa. Ta Wata 4,903. Daga cibiyar Duniya zuwa doronta kilomita 6,378 ne, na Wata 1,737. Matsakaicin nisan Wata kilomita 384,400, amma yana sauka zuwa kusan 363,000 ya hau zuwa 405,000. Wata yana gudun kilomita 1.02 a daƙiƙa, yana kammala kewaye cikin kwana 27.3, wato digiri 13.2 a kowane kwana.

Dabarar ita ce v² = μ × (2/r − 1/a). Harafin v sauri ne, r nisa ne daga cibiya, a kuma rabin tsawon kewayen ne in an auna shi ta dogon gefensa. Idan kewayen da'ira ce, r da a ɗaya ne. Kuskuren masu koyo shi ne saka tsayi daga doron ƙasa a gurbin r. Kullum sai ka ƙara 6,378.

Mataki na uku: turin barin Duniya

A ce kumbo yana kewaya Duniya a tsayin kilomita 200. To r ya zama 6,578, saurinsa kuma kilomita 7.78 a daƙiƙa. Ana so a miƙa kewayen ya koma dogo mai siffar ƙwai, ƙasansa a 6,578, ƙololuwarsa a 384,400. Haɗa su ka raba biyu, a ya zama 195,489. Saka a dabara, za ka ga ana buƙatar kilomita 10.92 a daƙiƙa. Turin da inji zai bayar shi ne bambancin, kilomita 3.13 a daƙiƙa.

Ka lura da wani abu. Saurin kuɓucewa daga Duniya gaba ɗaya a wannan tsayin kilomita 11.01 ne a daƙiƙa. Tsakanin zuwa Wata da ɓacewa cikin kewayen Rana tazarar ba ta kai mita 100 a daƙiƙa ba. Kumbon Luna 1 na Tarayyar Sobiyet ya gwada wannan a Janairun 1959: an so ya bugi Wata, injin ya zarce lokacin kashewa, ya wuce ta gefe da kusan kilomita 6,000, ya koma kewaya Rana.

A kusa da wannan iyaka ƙaramin kuskure girma yake yi. Ƙarin mita 1 kacal a daƙiƙa yayin turin yana ɗaga ƙololuwar hanyar da kusan kilomita 4,200, alhali faɗin Wata duka kilomita 3,475 ne. Babu rokar da ke kashe wuta daidai wa daida har haka, shi ya sa ake ware man gyaran hanya tun a zanen farko.

Man da turin zai ci ana samunsa ta dabarar roka: nauyin farko a kan nauyin ƙarshe daidai yake da lambar e (kusan 2.718) a ɗaga ta zuwa turi a kan saurin fitar hayaƙi. Injin haidurojin da iskar oksijin yana fitar da hayaƙi a kusan kilomita 4.4 a daƙiƙa. Ga turin 3.13 amsar ta zama 2.03. Ma'ana rabin nauyin da ke kewaya Duniya mai ne da zai ƙone a wannan turi kaɗai. Kuma turin ba ƙiftawar ido ba ne. Na Apollo 11, kumbon Amurka da ya fara kai mutane doron Wata, ya ɗauki kusan minti shida, a cikinsu kumbon ya yi tafiyar dubban kilomita. Don haka ake fara kunna inji kafin a kai wurin da lissafi ya nuna, yadda tsakiyar turin zai faɗa a kansa.

Mataki na huɗu: yaushe za a kunna

Tafiyar rabin wannan kewaye tana ɗaukar π × √(a³/μ), wato daƙiƙa 430,000, kwana biyar ke nan. A kwana biyar Wata zai matsa digiri 66. Kumbon zai iso ƙololuwa a ɗaya gefen Duniya, digiri 180 daga inda aka kunna inji. Saboda haka a lokacin kunnawa dole Wata ya kasance digiri 114 a gaban kumbon. Ana auna inda Wata zai kasance ne ranar isowa.

Apollo bai yi kwana biyar ba, ya yi kamar uku, domin an ƙara masa ɗan sauri yadda ƙololuwar hanyar ta wuce Wata nesa. Ƙarin a wajen tashi kaɗan ne, amma ana biyan sa a wajen birki.

Sai batun karkata. Hanyar Wata tana karkace daga layin da ya raba Duniya arewa da kudu (ikwaita) da digiri tsakanin 18.3 da 28.6, tana hawa da sauka cikin shekara 18.6. Wurin isowa dole ya faɗa cikin shimfiɗar kewayen da kumbon yake kai. Gyara karkata a ƙasa, inda ake gudun kilomita 7.78 a daƙiƙa, tsada ce ƙwarai: digiri ɗaya yana cin kusan mita 136 a daƙiƙa. Gara a zaɓi sa'ar harbawa da ta daidaita shimfiɗar da kanta. Kada kuma a daɗe ana jira a sama, domin kumburin Duniya a tsakiyarta yana juya shimfiɗar kewaye mai tsayin kilomita 200 da karkatar digiri 28.5 da kusan digiri 8 a kwana.

Mataki na biyar: isowa da birki

A ƙololuwa saurin kumbon ya ragu zuwa kilomita 0.19 a daƙiƙa, Wata kuwa yana tahowa da 1.02. Wata ne ke cim masa daga baya. Daga kusan kilomita 66,000 da Wata, sai ka sauya cibiyar lissafi zuwa Wata, ka ɗauki saurin shigowa a matsayin bambancin biyun, 0.83.

Idan ana son kewaye a tsayin kilomita 100, r ya zama 1,837. Saurin da kumbon zai kai a wannan wuri shi ne √(0.83² + 2 × 4,903/1,837), wato kilomita 2.45 a daƙiƙa. Saurin da'ira a wurin 1.63 ne. Birkin da ake buƙata kilomita 0.82 ne a daƙiƙa, a juya injin ya fuskanci gaba a kunna. Da inji mai saurin hayaƙi 3.1, wannan zai ci kusan kashi 23 cikin 100 na nauyin kumbon. Kewaye ɗaya zai riƙa ɗaukar minti 118.

In birkin ya gaza, kumbon ya wuce. In ya zarce, ɗaya gefen kewayen ya nutse cikin ƙasar Wata. Haka ta faru da Luna-25 ta Rasha ranar 19 ga Agustan 2023 lokacin da ake rage mata tsayi: an tsara injin ya yi daƙiƙa 84, ya yi 127, ta faɗi. Darasin aiki a nan shi ne a sa wa inji makashi biyu, ɗaya daga na'urar auna turi, ɗaya daga agogo mai iyaka, kuma iyakar agogon kada ta kai inda ƙasan kewayen zai taɓa ƙasa.

Gefen da aka bi ta Wata ma zaɓi ne. In kumbo ya ratsa ta gaban Wata ya zagaya bayansa a tsayin da ya dace, jan Wata zai mayar da shi Duniya ko da inji bai kunnu ba. Apollo 8, 10 da 11 sun bi irin wannan hanya. Apollo 13 ya riga ya sauka daga kanta a Afrilun 1970 kafin tankin oksijin ya fashe, sai da aka kunna injin ƙaramin kumbon sauka aka mayar da shi kanta.

Mataki na shida: bin sawu da gyara

Duk lissafin da ya gabata na takarda ne, yana ɗaukar cewa abu ɗaya ne ke jan kumbo a kowane lokaci. Amfaninsa ya ba ka wurin farawa. Daga nan sai kwamfuta ta bi tafiyar taki-taki, tana haɗa jan Duniya har da kumburinta, jan Wata, jan Rana, da ɗan turin hasken Rana a jikin kumbon. Wuraren Wata da Rana ana ɗauko su daga jadawalin DE440 ko shafin Horizons na JPL. Manhajar GMAT ta NASA kyauta ce, kuma tana da sashen da ke sauya turi kaɗan-kaɗan har a dace da tsayi da karkatar da ake so a Wata. Ka sa manhajar ta rage tsawon taki da kanta in an kusanci Duniya ko Wata. Taki mai tsayi ɗaya yana zubar da daidaito a daidai wurin da hanya ta fi lanƙwasa. Gwaji mai sauƙi shi ne ka tura lissafin gaba, ka dawo da shi baya, ka ga ko ya koma inda ya fara.

Bayan harbawa, tashoshin ƙasa kamar na NASA da ke Goldstone da Madrid da Kanbera suna auna abu biyu: nisa, daga lokacin da saƙo ya je ya dawo, da sauri ta layin kallo, daga sauyin yawan kaɗawar saƙon rediyo. Nisa ana samunsa da kuskuren 'yan mitoci, sauri kuma da kuskuren da bai kai milimita ɗaya a daƙiƙa ba. Rauninsu shi ne motsin gefe, wanda ba ya bayyana sai an tara awo na sa'o'i ko an haɗa tashoshi biyu masu nisa da juna.

Kuɗin gyara a taƙaice shi ne kuskuren nisa a raba da lokacin da ya rage. Kaucewar kilomita 1,000 in saura kwana uku tana cin mita 4 a daƙiƙa. In saura awa shida, mita 46. Ice tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, amma wanda ya yi gyara kafin awo ya nuna masa ainihin kuskuren zai iya ƙara ɓata hanyar. Abin da aka saba shi ne a tara awo na wasu sa'o'i, a yi babban gyara cikin kwanan farko, a bar ƙanana biyu ko uku na gaba, a soke duk wanda bai kai abin kunna inji ba.

Zama a wajen Wata

Shiga kewayen Wata daban, zama a cikinsa daban. Ƙarƙashin manyan filayen baƙin dutse na Wata akwai dunƙulen nauyi da Paul Muller da William Sjogren suka gano a 1968 daga yadda kumbuna ke tangaɗi. Waɗannan suna fizgar duk abin da ke kewaye a ƙasa-ƙasa, su maida da'ira ƙwai, har ƙasan kewayen ya taɓa ƙasa. Ƙaramin tauraron da Apollo 16 ya saki a Afrilun 1972 ya faɗi cikin kusan kwana 35, alhali ɗan'uwansa na Apollo 15 ya haura shekara. Karkatarsu ce ta bambanta. An gano karkata huɗu da kewaye ke daɗewa a kansu: digiri 27, 50, 76 da 86. Duk mai lissafin kewaye ƙasa da kilomita 100 ya yi amfani da taswirar nauyi ta GRAIL, aikin NASA da ya auna jan Wata, kada ya ɗauki Wata a matsayin ƙwallo mai santsi. A can sama kuma, dubban kilomita daga Wata, jan Duniya ne ke ɓata kewaye mai karkata sosai.

Akwai wurare biyar da jan Duniya da na Wata da juyawar tsarin ke daidaita, ana kiransu L1 zuwa L5. L1 yana tsakaninsu, kusan kilomita 58,000 daga Wata. L2 yana bayan Wata da kusan 64,500. Ba a zama a kansu cak, ana kewaya su ne, kuma kewayen ba ya riƙe kansa: kuskure yana ninkuwa cikin kwanaki, sai ana ɗan turi a kai a kai. Tauraron Queqiao na Sin ya tafi L2 a 2018 don ya haɗa Duniya da Chang'e 4, wanda ya sauka a bayan Wata ranar 3 ga Janairun 2019. Kumbon CAPSTONE kuma ya shiga wani dogon kewaye na wannan dangi a Nuwamban 2022, mai kwana shida da rabi, yana matsowa kusa da ƙuryar arewa ta Wata, ya yi nisan kusan kilomita 70,000 ta kudu.

In lokaci ba matsala ba ne, akwai hanya mai arha. A tura kumbo nesa, wajen kilomita miliyan 1.5, inda jan Rana zai ɗaga ƙasan kewayensa har ya kai nisan Wata, ya iso a hankali yadda Wata zai kama shi da ɗan birki. Edward Belbruno da James Miller suka tsara wa kumbon Hiten na Japan irin wannan hanya, ya isa a 1991. GRAIL ya tashi a Satumban 2011 ya isa a ƙarshen Disamba. Wata uku zuwa huɗu ake yi, shi ya sa ta dace da kaya, ba ta dace da mutane ba.

Dawowa kuwa magana ce ta kusurwa. Ana shiga iska da kilomita 11 a daƙiƙa, a tsayin kusan kilomita 122, da kusurwar digiri 6.5 ƙasa da shimfiɗa. Ƙofar ba ta fi faɗin digiri biyu ba.

Dutse: daga ɗigon haske zuwa hanya

Dutse ba ya amsa rediyo. Na'urar hangen nesa tana ba da kusurwa biyu ne kawai a sama da lokacin ɗauka, babu nisa. Lambobi shida ake nema, don haka mafi ƙaranci awo uku, kamar yadda masanin lissafi Gauss ya yi da Ceres, wani babban dutsen sarari, a 1801. Masu hange suna aika awonsu zuwa cibiyar Minor Planet Center da ke Massachusetts, ita kuma ta baza sabon abu don wasu su bi shi. Tsarin Scout na NASA yana duba sababbi cikin mintuna, Sentry kuma yana duba shekara ɗari masu zuwa. Turai tana da nata a cibiyar NEOCC da ke Italiya.

Abu na farko da za ka duba a kan kowane dutse shi ne tsawon lokacin da aka yi ana ganinsa. Awon dare ɗaya yana dacewa da hanyoyi dubbai: ƙaramin dutse a kusa da babba a nesa suna iya zana layi iri ɗaya a hoto. Awon makonni yana tsayar da siffar kewaye. Tsohon hoton da aka tono daga ma'ajiya, wanda ya kama dutsen shekaru kafin a san shi, ya fi sababbin awo ɗari na mako guda amfani. Rada, in dutsen ya matso, tana ba da nisa da sauri kai tsaye.

Na biyu, duba mafi ƙarancin tazara tsakanin hanyarsa da ta Duniya. In ta gaza kilomita miliyan 7.5 kuma girmansa ya kai kimanin mita 140, ana sa shi cikin masu haɗari. Wannan bai ce zai bugo ba. Ko hanyoyin sun gitta juna, sai su biyun sun iso mahaɗar tare, kuma Duniya tana wuce tsawon faɗinta cikin minti bakwai.

Na uku, kada ka lissafa hanya ɗaya. Ka ƙirƙiri dubban hanyoyi da duk suka dace da awon cikin iyakar kuskurensa, ka tura su gaba tare. Da tafiya ta yi nisa za su miƙe su zama siririn layi a kan hanyar, domin mafi yawan rashin tabbas na lokacin isowa ne. Sai ka kafa wani allo na lissafi da ya ratsa cibiyar Duniya yana fuskantar inda dutsen ke tahowa, ka ga inda kowace hanya ta huda shi. Kason da ya faɗa kan Duniya shi ne yiwuwar karo.

Amma Duniyar da za ka zana a allon ta fi ta gaske girma, domin janta yana jawo abin da zai wuce. Ninka 6,378 da √(1 + 11.2²/v²), inda v yake saurin dutsen tun yana nesa, 11.2 kuma saurin kuɓucewa ne daga doron Duniya, duka da kilomita a daƙiƙa. Mai saurin 17 yana ganin Duniya ta ƙaru da kashi 20 cikin 100. Mai saurin 5.8 yana ganinta ta ninka sau 2.2, kusan kilomita 13,900. Duwatsu masu tafiya a hankali su ne suka fi faɗawa tarko.

Wannan hoto yana bayyana abin da ke ruɗa jama'a, wato yiwuwar karo ta hau sannan ta rushe. Sabon awo yana gajarta layin. Muddin Duniya tana cikinsa, kasonta ƙaruwa yake yi. Ranar da layin ya gajarce ya bar ta a waje, sai lambar ta koma sifili. Dutsen Apophis ya kai kashi 2.7 cikin 100 a Disamban 2004. Dutsen 2024 YR4, mai kimanin mita 60, ya kai 3.1 a Fabrairun 2025 game da ranar 22 ga Disamban 2032, ya faɗi warwas cikin kwanaki. Da layin ya bar Duniya sai ya rage a kan Wata, inda lissafin tsakiyar 2025 ya ba da kusan kashi 4.

In lokaci ya ƙure ma lissafin yana aiki. An gano 2008 TC3, mai kimanin mita 4, ƙasa da kwana ɗaya kafin ya shigo, aka faɗi wuri da lokaci, ya fashe a saman hamadar arewacin Sudan ranar 7 ga Oktoban 2008, daga baya aka tsinci gutsattsarinsa. Na Chelyabinsk a Rasha, ranar 15 ga Fabrairun 2013, mai kusan mita 20, ya fito ne ta ɓangaren Rana, inda na'urorin ƙasa ba sa iya kallo.

Abin da wucewa kusa ke yi wa hanya

Dutsen da ya wuce kusa da Duniya yana fita da saurin da ya shigo da shi in an auna daga Duniya, amma alƙiblarsa ta juya. Lissafa e = 1 + r × v²/μ, inda r yake nisan wucewa mafi kusa daga cibiya (wannan e ba ta dabarar roka ba ce), sannan sin, wato sine, na rabin kusurwar juyawa shi ne 1/e. Apophis, mai kimanin mita 340, zai wuce ranar 13 ga Afrilun 2029 a kusan kilomita 38,000 daga cibiya, ƙasa da tsayin taurarin sadarwa masu tsayawa wuri ɗaya, da v na 5.8. Wannan ya ba da e kusan 4.2, juyawar kuma digiri 27 zuwa 28. In an auna daga Rana, wannan juyi sauyin sauri ne na gaske: shekararsa za ta tashi daga kusan kwana 324 ta haura ta Duniya. Da irin wannan juyi ne kumbon OSIRIS-REx ya sauya karkatarsa lokacin da ya wuce Duniya a Satumban 2017.

Matsalar ita ce juyin ya dogara da r, saboda haka kuskuren kilomita ɗaya kafin wucewa yana zama dubbai bayan shekaru. A kan allon nan akwai 'yan ƙananan gurabe da in dutse ya ratsa ɗaya, sabuwar shekararsa za ta dawo da shi daidai kan Duniya a wani zagaye na gaba. Gurbin da aka ji wa tsoro a 2029, mai kai wa ga karo a 2036, faɗinsa bai kai kilomita ɗaya ba. Awon rada na Maris 2021 ya kawar da haɗarin Apophis na aƙalla shekara ɗari.

A wannan matakin daidaito, ƙananan turi ma sai an saka su. Dutse yana shan zafin Rana, ya juya, ya fitar da zafin ta wani gefe, wannan yana tura shi a hankali. A kan dutsen Bennu an auna cewa yana rage a, wato rabin tsawon kewayensa, da kusan mita 284 a shekara. Da wannan a lissafi aka sami yiwuwar 1 cikin 2,700 ta karo ranar 24 ga Satumban 2182, kuma hakan ya rataya ne ga inda zai ratsa a wucewarsa ta 2135.

Wani abin dubawa: in sabon abu yana tafiya a hankali ƙwarai kusa da Duniya, hanyarsa kuma ta yi kama da tata, ka tambaya ko dutse ne ma. Wasu na gaske ne da Duniya ta riƙe na ɗan lokaci, kamar 2006 RH120 da 2020 CD3. Amma 2020 SO ya zama ragowar rokar Surveyor 2 ta 1966, J002E3 kuma ana danganta shi da rokar Apollo 12. Alamar ita ce hasken Rana yana tura fankon ƙarfe fiye da yadda yake tura dutse, sai awo ya riƙa zamewa daga lissafi. Mayar da hanyar baya ka ga ko ta taɓa Duniya a ranar wata tsohuwar harbawa.

In za a kautar da shi

Turi mafi amfani shi ne ta layin tafiyar dutsen, gaba ko baya, domin yana sauya tsawon shekararsa, bambancin kuma yana taruwa a kowane zagaye. Ƙiyasin aiki shi ne kaucewa ta kai turi sau lokaci sau uku. Santimita 1 a daƙiƙa, shekara goma kafin ranar, yana ba da kusan kilomita 9,500. Shekara ɗaya kafin ranar, bai kai 1,000 ba.

Kumbon DART ya bugi Dimorphos, ƙaramin dutsen da ke kewaya wani babban dutse mai suna Didymos, ranar 26 ga Satumban 2022 da saurin kusan kilomita 6 a daƙiƙa. Kewayensa na awa 11 da minti 55 ya ragu da kusan minti 33, sauyin saurin kuma kimanin milimita 2.7 a daƙiƙa ne. Tarkacen da suka fantsamo sun ninka turin fiye da sau biyu, kuma wannan ninkin ya dogara da irin dutsen, ba a saninsa daidai sai an buga. Don haka ake lissafa turi da mafi ƙarancin ninki.

Nisan da za a kautar ana auna shi da Duniyar allo, mai ƙarin jan nan, a ƙara kuskuren awo a kai. Turi yana jan wurin faɗuwa ne a kan layi guda da ya ratsa doron Duniya, saboda haka turin da bai isa ba yana ɗauke haɗarin daga wata ƙasa ya aza a kan wata. A zaɓi gaba ko baya bisa gefen da ya fi kusa da fita. Bayan bugun kuma a sake tara awo, a sake tura dubban hanyoyin, a tabbatar sabon wurin ratsawa bai faɗa cikin ɗaya daga gurabun da ke dawo da dutsen a shekarun gaba ba.